Ranar da Hubert Ya Cire Fuska

Da ihu na ci abinci a shekarun nan. Duk ranar Talata da yamma, a wani tsohon gidan wasa da ke Manhattan wanda aka mayar ɗakin talabijin, nakan sa farar rigar barci, in tsaya a kan matakalar katako, in jira a kaɗa fallen kwano ya yi ƙarar tsawa, sannan in wage baki in kurma ihu. Sunana Roz Tierney, amma ko mai gadin ƙofa Ihu yake ce mini. Shirin na Artie Bellman ne. Sunansa ne a jikin allo, kuma duk dariyar da aka yi tasa ce, ko da wani ne ya jawo ta.

A lokacin talabijin sabon abu ne, kuma kai tsaye muke yin komai. Abin da ya fita ya fita, ba ma naɗa, ba ma maimaitawa. Muna da mawaƙa da 'yan rawa, da wani mutum mai karnukan da ke tsalle ta cikin zobe, sai tallan sabulu a tsakani. Amma abin da jama'a ke jira shi ne wasan ƙarshe, inda muke tsokanar tsofaffin finafinan ban tsoro da suka hana mu barci muna yara. Gidan dutse a kan tsauni, mahaukacin likita, akwatin gawa mai kukan ƙyaure, duk muna da su, na kwali. Jininmu narkakken cakulan ne, don a hoton baƙi da fari ba mai bambancewa, kuma 'yan rawa ne ke lashe ragowar. Artie ne likita, ni ce yarinyar da za a cinye. Dodon kuwa Hubert ake ce masa.

Kaz Dombrosky ne a cikin Hubert. Dogo ne, sai ya sunkuya yake shiga ƙofa, ga tafin hannu kamar faranti. Daga wani garin masu haƙar kwal ya fito, can cikin duwatsun Pennsylvania, kuma shi da Artie sun daɗe tare, tun suna yawon ƙananan mashaya ana jifansu da ɓawon gyaɗa. Hubert ba ya magana. Zai fito daga akwati ya miƙo farata, in yi ihuna, sai shi ya firgita ya nemi wurin ɓuya. In Artie ya daka masa tsawa, sai ya ɗaga manyan hannayen nan ya rufe fuska, ya yi wani ɗan kuka irin na kwikwiyon da aka bari a waje. Wannan kukan ne ya riƙe shirin. Yara a duk faɗin ƙasar suna yi wa iyayensu shi in an kama su da laifi.

Tun azahar ake fara haɗa fuskar Hubert. Goshin roba ne da haɓar roba, a manna su da gam, sannan a shafe da koren fenti, don kore ne ke fitowa launin gawa a akwatin talabijin. Cire ta ma aiki ne, da mai ake bi a hankali, in aka yi gaggawa sai ta taho da fata. To, al'adarmu ita ce in an gama shiri kowa ya fito ya jera a gaban labule, Artie ya kira sunaye, a ɗaga wa masu kallo a gida hannu. Da yake wasan dodo ne na ƙarshe, Kaz a cikin fuskar Hubert yake tsayawa a layin, Artie kuma ya ce, "Da namu Hubert." Haka aka yi shekaru. Kaz kan zauna a jirgin ƙarƙashin ƙasa kusa da yaron da ke riƙe da akwatin abinci mai hoton Hubert, yaron ya taka masa ƙafa bai ko waiwayo ba.

Abin yana ci mini rai fiye da yadda yake ci masa, kuma ni ba na iya haɗiye magana.

"Kai wai wane irin sakarai ne?" na ce masa wata rana ana manna masa goshi. "Ko karnukan nan an san fuskarsu. Ɗaya har wasiƙar masoya yake samu."

"Ai ya fi ni kyau ne, Roz."

"Wannan kuma ban musa ba. Amma ka buɗe baki mana ka yi magana."

"Hubert ba ya magana," in ji shi, ya lumshe ido don a shafa masa fenti.

Wata Laraba cikin sanyin Janairu ya same ni a shagon da muke shan kofi, ya zauna yana juya hula a hannu. Ƙanwarsa Stasia ta bugo waya. Ƙurar kwal ta gama da huhun mahaifinsu, likita ya ce da wuya ya ga bazara. Na san tsohon ba ya yi masa magana tun ranar da Kaz ya ajiye fitilar ramin kwal ya ce shi wasa zai je ya yi. Abin da ban sani ba shi ne mashayar garinsu ta sayi talabijin, kuma duk Talata maza kan cika ta su kalli Hubert. In sun ce wa tsohon, "Ɗanka fa ya zama wani abu," sai ya tofar da yawu ya ce shi bai haifi kore ba, in yaron yana da fuska ya nuna ta.

"Yanzu Stasia ta shawo kansa," in ji Kaz. "Ya ce in har zan fito da fuskata, a kira sunanmu a gaban mutane, zai yarda a kai shi mashayar."

"To kai me ya hana ka hawa jirgi ka je ka nuna masa ita a ɗaki? Ai ta fi fitowa sosai."

"Na taɓa zuwa. Ya fita bayan gida wajen kaji, bai shigo ba sai da na tafi." Ya ajiye hular a kan tebur. "Ba ganina yake so ya yi ba, Roz. So yake ya ga ana ganina."

Ni na ja shi har ofishin Artie, don na san in aka bar shi sai tsohon ya mutu bai gama gyara murya ba. Na shiga da shirin faɗa, na tanadi zagi kala-kala. Artie yana zaune yana cin burodi da nama, ya saurara har ƙarshe, sannan ya ajiye burodin.

"Shi ke nan? Kai, ka tsorata ni, na zaci aure za ka yi." Ya taso ya kama Kaz a wuya, sai da ya yi ɗage. "Ɗan banza, tun yaushe kake riƙe da wannan a ciki? Mu maido wasan dodo farko, ka samu lokacin wanke wannan ƙazantar. Zan kira sunanka cikakke, har da na kakanka in ka tuna shi."

"Mai shirya shiri ba zai so ba, Artie."

"Shi da so? Ko uwarsa bai so ba. Bar ni da shi."

Ina faɗin wannan ne don kada a ɗauka Artie mugu ne. Ya so Kaz, na gani da idona. Har wurin telansa ya tura shi, aka ɗinka masa kwat mai ruwan bula, irin ta masu banki. Duk makon nan Kaz yana tsayawa gaban madubi yana koyon yadda mutum ke tsayawa in ba dodo ba ne. Bai san inda zai sa hannayensa ba. Ya gwada aljihu, ya gwada gefe, ya gwada riƙe hula. Na ce masa ya bar su kawai su rataya, ba wanda zai sace su.

Ranar Talata wasan dodo ya tafi daidai. Na yi ihuna, ya yi kukansa, 'yan kallon da ke ɗakin suka ɗauka da dariya. Ana sauke labule muka kwasa da gudu zuwa ɗakin kwalliya, ni da shi da wani dattijo mai haɗa masa fuska. Aikin da aka saba yi a natse shi muka so mu gama tsakanin mai karnuka da mawaƙiyar ƙarshe. Mai bai gama jiƙa gam ba Kaz ya sa yatsa ya ɓanɓare goshin da kansa. Ya taho da rabin girarsa. Fatar ta yi ja, ta yi tabo-tabo, ga kore ya maƙale a bayan kunne ya ƙi fita. Muka yi ta dannawa da hoda, zufa tana wankewa. Ya zura kwat, na ɗaura masa lakataye a wuya.

"Yaya na fito?"

"Kamar ɗan majalisa," na ce. "Mu je, ana kaɗa kiɗan sallama."

Muka jera gaban labule. Artie ya kira mawaƙa, ya kira 'yan rawa, ya kira ni. Sannan ya gyara tsayuwa, ya sauke murya, ya bar wasa, abin da ban taɓa ganin ya yi a gaban kyamara ba.

"Jama'a, akwai mutumin da nake so ku gani yau. Abokina ne tun ba mu da takalmin kirki. Ga Casimir Dombrosky."

Kaz ya tako gaba. Jar fitilar kyamara ta kunna a kansa. Ya tsaya a miƙe, hannaye a rataye yadda na ce, yana kallon cikin gilashin nan kai tsaye, ni kuma na san wa yake kallo.

Sai dai mutanen ɗakin ba su san wani Casimir ba. Wasu 'yan tsiraru suka tafa don kara, tafin ya mutu, wuri ya yi tsit. Wani ya yi tari a can baya.

Wanda bai yi sana'armu ba ba zai gane abin da shiru ke yi wa ɗan barkwanci ba. Tun Artie yana yaro ake koya masa da mari da yunwa cewa in ɗaki ya yi shiru, an kore ka ke nan. Ba tunani yake yi ba a irin wannan lokaci, bakinsa ne ke neman hanyar tsira. Na ga wuyansa ya yi ja. Ya dubi Kaz, ya dubi jama'a.

"Wannan fa shi ne Hubert in ya cire fuska," in ji shi. Aka ɗan yi guna-guni na mamaki, tafi ya fara tasowa, kuma da ya tsaya nan da an gama lafiya. Amma ya riga ya hango dariya, ba zai iya barinta ta wuce ba. Ya sake leƙa fuskar Kaz, ya ja da baya, ya dafe ƙirji. "Don girman Allah a mayar masa da ita."

Ɗakin ya fashe. Ban taɓa jin dariya irin wannan ba a duk zamana a shirin, har masu riƙe kyamara suna girgiza.

Ni hannayen Kaz nake kallo. A sana'armu akwai dokar da ta fi kowace ƙarfi, ba a barin maganar abokin wasa ta faɗi ƙasa. In ya jefo, dole ka cafe, ko gidanku ne ke cin wuta. Kaz ya yi shekaru yana cafe wa Artie, jikinsa ya haddace. Na ga yatsunsa sun dunƙule, kamar yana roƙonsu su zauna. Sai suka tashi. Ya rufe fuskarsa da tafukan nan, ya sunkuyar da kai, ya yi kukan kwikwiyo. Dariyar ta ninka. Haka ya tsaya a rufe, cikin sabuwar kwat, har aka juya kyamara kan tallan sabulu.

A bayan labule na wanke Artie tas. Ban bar masa uwa ba, ban bar masa uba ba. Bai rama ba. Ya tsaya ya yi tsuru-tsuru, hodar fuskarsa tana narkewa, sannan ya taka wajen Kaz.

"Ɗan'uwa, wallahi fitowa ta yi kawai. Shirun ne. Ka san ni da shiru."

"Ta yi kyau, Artie," in ji Kaz. "Ka ji ɗakin kuwa?"

"Mu sake mako mai zuwa. Zan rufe bakina da gam ɗinka."

"Baba ba zai sake zuwa ba."

Muna tsaye wakilin kamfanin sabulu ya shigo yana share hawayen dariya, ya ce wannan abin dole a riƙa yin sa kowane mako. Artie ya kore shi da ashar. Ban ce ya burge ni ba, amma na rage zaginsa.

Gidansu Kaz ba waya, sai ta mashayar. Washegari ya buga, mai mashayar ya ɗauka, ya ce garin kaf ya yi dariya har wani ya faɗo daga kujera, kuma kowa na alfahari da shi. Da Kaz ya tambayi tsohon, sai ya ce ai Stasia ta maida shi gida da wuri, ka san jikin nasa. Stasia kuma da ta bugo, lafiyar Baba kawai take faɗa, in ya matsa sai ta ce ana jiran wayar. Aka maida wasan dodo ƙarshen shiri, Kaz ya koma cikin korensa. Bai ƙara tayar da maganar ba, ni ma ban yi ba, sai dai ihuna ya daina yi mini daɗi.

Tsohon ya rasu kafin ƙanƙara ta narke. Na raka Kaz a jirgi. Artie ya aiko da furanni da sai da maza biyu suka ɗauka, shi kuwa ya ce ba zai iya haɗa ido da mutanen gidan ba, kuma na yarda gaskiya ya faɗa.

Gidan ƙarami ne, an ajiye akwatin gawar a falo a buɗe, tsofaffin mata sun kewaye shi suna jan carbi. Na matsa don in yi ban girma, sai na tsaya cak. Fuskar Kaz ce kwance a ciki. Dogon hancin, faffaɗar haɓar, kunnuwan da suka yi waje, duk nasa ne, sai dai an ƙara musu shekaru da baƙaƙen ɗigon kwal a ƙarƙashin fata. Ashe da Artie ya ce a mayar, fuskar mutumin nan ya faɗa wa, yana zaune a tsakiyar mutanen da ya yi rayuwarsa da su a cikin rami. Na ji kunya ta rufe ni, ta sana'armu gaba ɗaya.

Kaz bai matso kusa da akwatin ba. Ya tsaya bakin ƙofa yana karɓar gaisuwa. Maza suna riƙe hannunsa da hannu biyu, suna cewa Allah ya ba da haƙuri, wasu kuma su rage murya su ce, "Ranar nan kam ka kashe mu da dariya." Da zuciya ɗaya suke faɗa, shi kuma yana godiya.

Na gudu kicin. Stasia tana can tana juya kabeji a tukunya, ga tirarrukan pierogi, ƙullun fulawa mai dankali a ciki, da maƙwabta suka kawo sun cika tebur. Doguwa ce ita ma, ba ta da yawan magana. Ta miƙo mini wuƙa da burodi ba ta ko dube ni ba.

"Ke ce mai ihun."

"Ni ce."

"Baba ya ce ke kaɗai ce mai hankali a cikinsu, tunda kin san abin gudu."

Na yi dariya ban shirya ba, sannan na tambaye ta abin da ya kawo ni. "Ya yi fushi sosai ranar?"

Ta ci gaba da juya tukunya. "Tun rana ya sa na yi masa aski. Ya sa kwat ɗin coci. Da muka kai shi ya ce a sa masa kujera a gaba, ya ce duk wanda ya yi magana lokacin sallama zai fasa masa kai da sanda. Da aka kira sunanmu ya cire hula." Ta ɗaga cokali ta ɗanɗana, ta ƙara gishiri. "Ban taɓa ganin ya cire wa wani hula ba in ba a coci ba."

"Sai aka yi dariyar."

"Sai aka yi. Na zaci zai tashi ya zage su. Ko a jikinsa, 'yar'uwa. Mutumin da ya yi rayuwarsa a rami ana tsokanar hancinsa, wannan ɗan guntun mai surutu ne zai dame shi? Ko ƙifta ido bai yi ba. Ya ma ƙara matsawa gaba, har hancinsa na neman taɓa gilashin. Sai da aka sa tallan sabulu ya maida hularsa ya ce in kai shi gida."

"Bai ce komai ba?"

"A mota ya ce." Ta ajiye cokalin, ta goge hannu a zanen gabanta. "Ya ce, 'Me ya sa ya rufe? Ban gama gani ba.' Har ya mutu yana tambayata. Ni kuma me na sani a aikinku da zan ba shi amsa? Ban gaya wa Kaz ba. Ke kin san shi yanzu fiye da ni. In gaya masa?"

Sai na ga ta daina kallona, bayana take kallo. Kaz ne tsaye a ƙofar kicin, ya sunkuyar da kai saboda katakon sama, da farantan da ya kwaso a hannu. Ban san tun yaushe yake wurin ba, amma da ganin idonsa ba abin da ya wuce shi.

Ya ajiye farantan a hankali a bakin tebur. Ya juya ya ratsa falo, matan suka janye ƙafafu suka ba shi hanya. Ya tsaya daf da akwatin, saitin kan mahaifinsa, ya sunkuyo har fitilar ta haske shi sosai. Daga inda nake ina ganin bayansa. Ya kai hannayensa baya, ya damƙe ɗaya da ɗaya har yatsun suka yi fari, kafaɗunsa suna rawa. Ya daɗe a haka, matan suka ci gaba da jan carbinsu.